Takardar Shaidar Ƙabila a Indiya: Me Ya Sa Shari'arta Ba Ta Ƙarewa?

A Indiya akwai wata takarda mai shafi ɗaya da ake karɓa a ofishin hukumar gunduma. Abin da ke cikinta bai wuce a ce wane ɗan wane ɗan ƙabila kaza ne, kuma sunan ƙabilar yana cikin jadawalin da shugaban ƙasa ya sa wa hannu. A kan wannan takarda an kori mutanen da suka yi furfura a bakin aiki, an soke digiri, an ƙwace kujerar majalisa, an kuma rasa rayuka. Fiye da shekara 30 ke nan Kotun Ƙolin ƙasar tana yanke hukunci a kanta, har yau ba a daina kai ƙara ba.

Dalilin rububin a fili yake. Ƙidayar 2011 ta nuna 'yan waɗannan ƙabilu sun kai miliyan 104, kashi 8.6 cikin 100 na al'ummar ƙasar, a cikin al'ummomi sama da 700. Akwai Gond da Bhil da Santal da Oraon a dazuzzuka da duwatsun tsakiyar ƙasar, waɗanda ke kiran kansu Adibasi, wato mazauna asali. Akwai Naga da Mizo da Khasi da Kuki a arewa maso gabas. Saboda daɗewar da suka yi a gefe, ba makaranta ba asibiti, ana ƙwace musu filaye, aka ware musu kashi 7.5 cikin 100 na guraben aikin gwamnatin tarayya da na manyan makarantunta, da kujeru 47 daga cikin 543 na majalisar wakilai. A jihohi da dama doka ta hana a sayar da gonar ɗan ƙabila ga wanda ba ɗan ƙabila ba. A ƙasar da matasa sama da miliyan 2 ke zana jarrabawar shiga makarantar likita a shekara guda, takardar da za ta sa a auna ka da ɗan ƙaramin rukuni maimakon kowa da kowa tana iya sauya makomar gida gaba ɗaya. Wanda ya taɓa bin layi a sakatariyar ƙaramar hukuma a Najeriya don karɓar shaidar zama ɗan asalin wuri ya riga ya fahimci rabin zancen. Bambancin shi ne a Indiya ba garinku ake tambaya ba, sunan ƙabilarku ake dubawa a jadawali, harafi bayan harafi.

Duk rigimar tana komawa ga sashe na 342 na kundin tsarin mulkin da ya fara aiki a 1950. Sashen ya ce shugaban ƙasa ne zai fitar da jerin ƙabilun kowace jiha bayan ya tuntuɓi gwamnanta, kuma da zarar jerin ya fita, majalisar dokokin tarayya kaɗai ke da ikon ƙara suna ko cire shi. Daga nan tambayoyi biyu suka fito, kuma a ganina duk wanda bai raba su ba ba zai gane waɗannan shari'o'i ba. Ta farko: shin al'ummar nan tana cikin jadawali? Ta biyu: shin mutumin nan ɗan al'ummar da ke cikin jadawalin ne? Ta farko ba ta alƙali ba ce. Ta biyu tasa ce. Yawancin wahalar da mutane suka sha ta zo ne daga cakuɗa su, ko kuma daga jinkirin amsa ta biyun.

Jihar Maharashtra ce cibiyar wannan shari'a, kuma akwai dalili. Kafin 1976, ƙabilu da yawa ana amincewa da su ne a wasu gundumomi kaɗai na jihar, inda aka san mazauninsu. A shekarar majalisar tarayya ta cire wannan iyaka, da kyakkyawar niyya, don ɗan ƙabilar da ya koma wata gunduma kada ya rasa haƙƙinsa. Sai dai jihar cike take da sunaye masu kama da juna. Akwai Koli masunta na bakin teku, waɗanda ba sa cikin jadawali, akwai Mahadeo Koli na kan duwatsu, waɗanda ke ciki. Akwai Thakur na daji, akwai kuma manyan gidaje masu amfani da sunan Thakur. Da iyakar ta tafi, suna kaɗai ya rage. Ƙidayar 1981 ta nuna yawan wasu ƙabilun jihar ya yi tsallen da haihuwa kaɗai ba za ta iya kawo shi ba.

Mu ɗauki tambaya ta farko. A yankin Nagpur akwai masaƙa da ake kira Koshti. Wani reshensu, Halba-Koshti, sun dage cewa kakanninsu 'yan ƙabilar Halba ne da suka sauko gari suka kama saƙa, sana'ar ta manne wa sunansu. Jadawalin ya ce "Halba, Halbi", bai ambaci Koshti ba. Wani ɗalibi daga cikinsu ya shiga karatun likita da takardar Halba a tsakiyar shekarun 1980, Babbar Kotun Bombay, wato babbar kotun jihar da ke birnin da yanzu ake kira Mumbai, ta mara masa baya bayan ta duba hujjojin tarihi. A watan Nuwamban 2000 alƙalai biyar na Kotun Ƙoli suka rushe hukuncin, a shari'ar da lauyoyi ke kira da sunan ɗalibin, Milind. Suka ce ba a yarda kotu ko gwamnatin jiha ta karɓi shaida don nuna cewa wata al'umma reshe ce ta wadda ke cikin jadawali ba. Yadda aka rubuta shi haka za a karanta shi. Mai ganin an yi kuskure ya nufi majalisa.

Wannan hukunci yana da ɗaci, kuma babu inda ɗacinsa ya fito kamar a labarin Gowari, makiyayan shanu na gabashin jihar. Jadawalin ya rubuta "Gond Gowari" a haɗe. Su kuwa suka ce sunaye biyu ne, waƙafi ne ya faɗi a tsakaninsu. Ranar 23 ga Nuwamban 1994 dubbansu suka yi tattaki zuwa Nagpur, inda majalisar jihar ke zamanta na hunturu, don su miƙa kokensu. 'Yan sanda suka sa kulake, aka yi turmutsitsi, mutum 114 suka mutu, akasari mata da yara. A 2018 Babbar Kotu reshen Nagpur ta ba su gaskiya, ta ce ƙabilar Gond Gowari ta daɗe da ɓacewa, saboda haka Gowari ake nufi. A Disambar 2020 Kotun Ƙoli ta soke wannan, da hujjar da ta kafa a shari'ar Milind. Haka ma Dhangar, makiyayan tumaki masu yawa da ƙarfin siyasa a jihar: jadawalin ya ce "Dhangad", su suna cewa kuskuren buga rubutu ne, su ake nufi. Babbar Kotun Bombay ta kori ƙararsu a Fabrairun 2024. A ɗaya ɓangaren kuma, 'yan majalisar jihar na ƙabilun jadawali ba sa son jin zancen. A watan Oktoban 2024 wasunsu, har da mataimakin kakakin majalisa na lokacin, Narhari Zirwal, suka diro daga bene zuwa kan ragar kariya a hedikwatar gwamnatin jihar da ke Mumbai, kuma cikin abin da suke adawa da shi har da shigar da Dhangar. Lissafinsu mai sauƙi ne: kason bai ƙaru ba, in aka shigo da babbar al'umma mai ilimi, ɗan Bhil da ɗan Gond ba za su sake ganin gurbi ba.

Duk da tausayin da nake ji na Gowari, ina ganin Kotun Ƙoli ta yi daidai da ta janye hannunta daga jadawalin. Jihar Manipur da ke arewa maso gabas ce ta nuna dalili. A watan Maris na 2023 Babbar Kotun jihar ta umarci gwamnati ta duba batun shigar da Meitei, al'umma mafi rinjaye da ke zaune a kwari, cikin jadawalin, ta ba ta mako huɗu. Kuki da Naga na kan duwatsu suka ga cewa in haka ta faru, katangar da ta hana a sayi filayensu ta rushe ke nan. Ranar 3 ga Mayu aka yi tattakin nuna adawa, daga nan wuta ta kama. An kashe sama da mutum 200, kusan 60,000 suka bar gidajensu. Ba zan ce umarnin kotu shi kaɗai ya haddasa rikicin ba, gaba da rigimar filaye sun daɗe a jihar. Amma shi ne ashanar. A Fabrairun 2024 kotun da kanta ta goge wannan sakin layi daga hukuncinta, ta ce ya saɓa wa abin da Kotun Ƙoli ta shimfiɗa. Shigar da al'umma cikin jadawali rabon arziki ne tsakanin jama'a, ana buƙatar a saurari wanda zai samu da wanda zai rasa. Alƙali kuwa masu ƙara biyu kawai ke gabansa.

Hanyar da doka ta tanada doguwa ce: jiha ta rubuta buƙata, ma'aikatar harkokin ƙabilu ta miƙa wa Babban Magatakardan ƙasa mai kula da ƙidaya, sai hukumar ƙabilun jadawali ta ƙasa, sai majalisar ministoci, sannan majalisar dokoki. Ma'aunin da ake amfani da shi har yanzu na kwamitin Lokur ne na 1965: alamun rayuwa irin ta dā, al'ada ta daban, zama a keɓe, jin nauyin cuɗanya da sauran jama'a, da koma-baya. Wannan ma'auni ne ya shigo ya dagula tambaya ta biyu.

Tsarin tantance mutum ɗaya-ɗaya ya samo asali daga hukuncin 1994 a shari'ar Madhuri Patil. 'Yan'uwa mata biyu ne suka samu gurbi, ɗaya a karatun likita, ɗaya a likitancin haƙori, a matsayin Mahadeo Koli. Da aka duba rajistar makarantar mahaifinsu sai aka ga an rubuta "Hindu Koli". Kotu ta ce ba 'yan ƙabilar ba ne. Ta bar babbar ta kammala tunda ta kai ƙarshen karatu, ƙaramar ta rasa matsayin da ta shiga da shi. Sannan alƙali K. Ramaswamy ya shimfiɗa ƙa'idoji ga duk jihohi: a kafa kwamitin tantancewa, a ba shi sashen bincike na 'yan sanda, a kammala sauraron kowane batu cikin wata biyu. Tun daga nan takardu suka zama biyu. Ta farko ita ce shaidar da jami'in gunduma ke bayarwa. Ta biyu, wadda ta fi wuyar samu, ita ce tabbatarwar kwamiti.

Ga yadda abin ke gudana. Ɗalibi ya miƙa takardarsa tare da salsalar gidansu. Jami'in bincike ya tafi ƙauyen kakanni, ya sa shugaban makarantar firamare ya fito da tsohuwar rajistar ɗaukar ɗalibai, ya buɗe shafin da aka rubuta sunan kaka ko ƙanin kaka, ya dubi gurbin da aka tanada don asali. Yana neman ya ga ko tawadar kalmar "Mahadeo" ta bambanta da ta "Koli", ko an kankare wani abu an rubuta wani a kai, ko an cire shafi an liƙa sabo. Ya wuce wurin mai ajiye rajistar haihuwa da mutuwa ta ƙauye, ya duba takardun harajin gona. Daga nan ya zaunar da uba ko wani dattijon gidan ya yi masa tambayoyi: wane abin bauta kuke yi wa hidima, yaya kuke ɗaura aure, wa ke biyan sadaki, kuna binne gawa ko ƙonawa, waɗanne gidaje ne ba kwa aure da su, wace rawa kuke yi a wane biki. Amsoshin sai a gwada su da abin da masana suka rubuta game da ƙabilar, wani lokaci rubutun Turawan mulkin mallaka ne na shekara ɗari da suka wuce.

A nan ne na fi ganin rashin adalci. Rubutun da aka yi kafin 1950 shi ya fi nauyi a idon kotu, kuma hujjar mai ƙarfi ce: a lokacin babu wata riba a kiran kai ɗan ƙabila, don haka babu dalilin yin ƙarya. To amma wa ke da rubutu kafin 1950? Wanda kakansa ya shiga makaranta ko ya mallaki gona mai takarda. Ɗan ƙabilar da kakansa bai taɓa ganin allo ba, wato ainihin wanda aka yi dokar dominsa, shi ne ba shi da komai a rubuce. Sai a koma ga gwajin sanin al'ada. Shi kuma wannan gwajin yana hukunta wanda ya ci gaba: yarinyar da aka haifa a Pune, ubanta direban bas, ta yaya za ta san waƙar da ake yi wa mamaci a ƙauyen da ba ta taɓa kwana ba? Wanda ya shirya ƙarya kuwa zai sayi littafi ya haddace amsoshin. Kotun Ƙoli ta lura da haka a shari'ar Anand ta 2011, ta ce zamani ya sauya rayuwar ƙabilu, ba za a kori mutum don kawai ya kasa wannan gwaji ba. A Maris na 2023 alƙalai uku suka sake tabbatar da haka a ƙarar da wata ƙungiyar Thakur ta shigar: gwajin ba shi ne ma'auni na ƙarshe ba, kuma in takardun mutum sun gamsar, ba sai an tura batun ga 'yan sanda ba. Gyara ne mai kyau, amma bai share hawayen wanda ba shi da takarda ko ɗaya ba, ga shi dokar jihar Maharashtra ta 2000 ta ɗora nauyin kawo hujja a kan mai nema.

Wasu rassan rigimar sun fi sauƙin bayani. Aure ba ya ba da matsayin: macen da ta auri ɗan ƙabila ba ta zama 'yar ƙabila a wajen neman gurbi ko tsayawa takara ba, domin ba ta tashi cikin ƙuncin da aka yi dokar saboda shi ba. 'Ya'yan auren gauraye kuwa an daɗe ana bin uba. A 2012, a shari'ar wani mutumin Gujarat da aka ƙwace wa shagon sayar da abincin gwamnati mai rangwame saboda ubansa ɗan babban gida ne, uwarsa ce 'yar ƙabila, kotu ta ce bin uba zato ne kawai, ɗa na iya rushe shi in ya nuna a cikin dangin uwa ya tashi, ya sha abin da suka sha, su ma suna ɗaukarsa nasu. Ƙaura ma matsala ce. Tun 1990 kotu ta ce matsayin na jiha ne: ɗan ƙabila daga Andhra Pradesh da ya girma a Bombay tun yana yaro bai da kaso a makarantun Maharashtra, ko da yake yana da shi a guraben tarayya.

Batun addini ya cancanci a ɗan tsaya. Ga 'yan Dalit, wato al'ummomin da aka ƙasƙantar a tsarin asali na Hindu, waɗanda ke da nasu jadawalin daban, umarnin shugaban ƙasa na 1950 ya taƙaita matsayin ga mabiya addinin Hindu, aka ƙara Sikh a 1956 da mabiya Buddha a 1990. Ɗan Dalit da ya musulunta ko ya zama Kirista ya fita. Jadawalin ƙabilu ba shi da wannan sharaɗi. Shi ya sa mutanen tsibiran Lakshadweep, waɗanda kusan dukkansu Musulmi ne, suke ciki, haka Gujjar da Bakarwal makiyaya na Jammu da Kashmir tun 1991, haka Mizo da Naga Kiristoci. A 2004 Kotun Ƙoli ta ce sauya addini shi kaɗai ba ya fitar da mutum daga ƙabilarsa, sai an duba ko ya yanke hulɗa da al'adunta baki ɗaya. Akwai ƙungiyoyin da ke gangami a cire waɗanda suka sauya addini. In suka yi nasara, miliyoyin takardu za su koma teburin kwamiti.

Sai tambayar da ta fi tayar da hankali: in an soke takardar, me zai faru da abin da mutum ya riga ya samu? A shari'ar Milind kotu ta bar likitan da digirinsa, ta ce an kashe kuɗin jama'a wajen horar da shi, ƙwacewa ba za ta amfani kowa ba. Bayan haka wasu alƙalai suka riƙa faɗaɗa wannan rangwame, suna cewa in babu niyyar zamba a bar mutum a aikinsa. Ranar 6 ga Yulin 2017 alƙalai uku, da alƙalamin D.Y. Chandrachud, suka rufe ƙofar a shari'ar Hukumar Abinci ta Indiya. Suka ce da zarar takarda ta faɗi, aikin da digirin da aka gina a kanta sun faɗi, ko mutum ya yi shekara 20 yana aiki, ko da gangan ya yi ko da kuskure. Hujjarsu ita ce kowane gurbi da baƙo ya shiga, akwai ɗan ƙabila na gaske da aka hana, wanda ba ya cikin kotu, ba wanda ya san sunansa.

Wannan hujja gaskiya ce, kuma ita ce aka fi mantawa da ita idan ana tausaya wa korarren ma'aikaci. Amma in ɓera na da sata, daddawa ma na da wari. Jami'in gwamnati ne ya sa hannu a takardar farko. Ma'aikatar gwamnati ce ta ɗauki mutumin ba ta tura takardarsa tantancewa ba sai da ya kusa ritaya. Kwamitin gwamnati ne aka ba wata biyu ya ɗauki shekaru. Ɗan Halba-Koshti da ya karɓi takarda a lokacin da Babbar Kotun jiharsa ke cewa shi Halba ne bai yi zamba ba, doka ce ta juya a ƙarƙashinsa. Haɗa shi a kwando ɗaya da wanda ya kankare rajista ba daidai ba ne. Jinkirin bai bar manya ba: Ajit Jogi, wanda ya fara riƙe shugabancin gwamnatin jihar Chhattisgarh a 2000, ya yi ta fama da ƙarar cewa shi ba ɗan ƙabilar Kanwar ba ne kusan duk rayuwarsa ta siyasa. Wani babban kwamiti ya soke takardarsa a 2019, ya rasu a 2020 maganar ba ta mutu ba, a shekarar kuma aka hana ɗansa tsayawa takara a mazaɓar Marwahi a kan dalilin. In wanda ya mulki jiha bai samu amsa ɗaya tabbatacciya a rayuwarsa ba, malamin firamare fa? Da za a tantance takarda tun yaro yana sakandare, a kuma hukunta jami'in da ya sayar da sa hannunsa, da yawancin waɗannan ƙararraki ba su taso ba.

Wani sabon babi kuma ya buɗe. Ranar 1 ga Agustan 2024 alƙalai bakwai, shida suka rinjayi ɗaya, suka yanke cewa jiha na iya rarraba kason da aka ware tsakanin al'ummomin da ke cikin jadawali, ta ba waɗanda suka fi koma-baya nasu rabon daban, muddin tana da alƙaluman da za ta kafa hujja da su. Wannan bai taɓa jerin sunayen ba, yana nan a hannun majalisa. Amma duk jihar da ta bi wannan hanya a kan ƙabilunta, ba zai wadatar mutum ya nuna shi ɗan jadawali ne ba, sai ya nuna a wane rukuni yake a ciki, kuma kwamitocin da suka kasa gama tantance takardu a kan lokaci su ne za a miƙa wa wannan.